Obasiya Ba Zai Zo Ba, Suruki Zai Zo

Da faɗuwar damunar bana yayana, Malam Isiyaku Obasiya, ya cika shekara ashirin da shida a kabari. Allah Ya jiƙansa, Ya kai haske makwancinsa. Ba kowace shekara nake rubuta wani abu a kansa ba, domin shi kansa ba mai son a yi ta maimaita magana ba ne. Abin da ya tayar mini da tunaninsa bana shi ne wata tafiya da na yi zuwa ƙauyen surukansa, inda na ga wani abu da har yau ban tabbatar ko zai faranta masa rai ko zai ɓata masa ba.

A Angwan Iya aka haife mu, a cikin garin Keffi, ya girme ni da shekara goma. Ni na yi rayuwata a gidan rediyo ina karanta labarai, shi kuwa ya yi tasa a bakin hanya. Ya shiga ma'aikatar ayyuka dab da samun 'yancin kai, bayan ya yi kos ɗin aikin hanya a Kaduna, ya hau har ya zama obasiya, wato mai duba hanyoyin wani yanki da leburorin da ke kula da su. Sunan aikin ya bi shi har ya danne na yanka. Ko mahaifiyarmu, in ta so tsokanarsa, Obasiya take ce masa.

Matasan yau ba su san yadda ake riƙon hanya a wancan zamani ba, don haka bari in ɗan yi bayani. Hanyoyi aji uku ne. Akwai na Tarayya, waɗanda ake kira ajin A, su ne manyan da suka haɗa ƙasa. Akwai na gwamnatin yanki, daga baya na jiha, ajin B. Sannan akwai na En'e, wato hukumar gargajiya, ajin C, masu shiga ƙauyuka da kasuwanni. Kowace hanya an yanka ta kashi-kashi, kowane kashi da barikin leburorinsa a gefen hanya, da helma a kansu. Kayan aikinsu diga ne da shebur da baro da kwanon sarki. Da rani su cike ramuka da marmara, su kashe gargada. Kafin ruwan farko su yashe lambatu, su zaƙulo yashi da ciyawa daga cikin kwalbati. Helma ya san inda kashinsa ya fara da inda ya ƙare, domin akwai duwatsun mil da aka dasa, an shafe su da farar ƙasa, an rubuta lamba da baƙi.

Yaya yana son wannan tsari kamar yadda wasu ke son waƙa. A shekarun da kuɗin mai ya shigo, aka sake fasalin lambobin manyan hanyoyi, ya zaunar da ni a zaure ya karanta mini su kamar mai jero asalin wani gida. Ya ce masu lamba ɗaya su ne iyaye, daga bakin teku suke tasowa su miƙe arewa. Masu lamba uku 'ya'ya ne, su ke haɗa iyayen. Titin da ya ratsa Keffi ya wuce Garaku ya nufi Akwanga, A234 ne, kuma in ka duba lambobinsa biyu na farko sun gaya maka tsakanin wa da wa yake: ya taso daga A2 ya faɗa A3.

"Lambar hanya ba ado ba ce, Mai Labarai," in ji shi, domin haka yake kirana. "Sunan ubanta ne. In ta lalace, lambar ce ke gaya maka ƙofar da za ka ƙwanƙwasa."

Akwai kalma ɗaya da muka yi shekaru muna jayayya a kanta. Duk ranar da na karanta a rediyo cewa an kammala aikin wata hanya, in na zo gida sai ya tare ni da ita. Ya ce ba a kammala hanya, kamar yadda ba a kammala gona. Ranar da aka yanke ƙyalle aka buɗe ta, ranar ruwa ya fara cin ta. Ni kuma in ce masa labarai ba wa'azi ba ne, abin da aka yi nake faɗa. Ba mu taɓa daidaitawa ba. Sai dai tun da ya rasu, ban ƙara jin kalmar a bakin wani mai karanta labarai ba tare da na tuna fuskarsa ba.

Matarsa, Yaya Asabe, 'yar wani ƙauye ce a ƙasar Kokona, a kan wata hanyar burji da ta rabu da babban titi ta nufi wajen Agwada. Ƙauyen yana da sunansa na asali da yarensu, amma direbobi da fatake ba su san shi da komai ba sai Mil Tara, saboda dutsen mil na tara yana tsaye a bakin kasuwarsu. Mahaifinta, Baba Gambo, babban manomin doya ne, mutum mai faɗa a ji. Kowace shekara, in sabuwar doya ta fito, kafin ya kai ko ɗaya kasuwa sai ya zaɓi manya ya aiko gidanmu. Wannan doya ba abinci kawai ba ce. Ita ce shaidar cewa dattijon ya yarda da mutumin da ya ba 'yarsa. Yaya yakan tsaya da kansa a sauke ta, ya raba wa maƙwabta yana faɗin inda ta fito.

To, wannan hanya rabi da rabi ce. Daga mararraba zuwa dutse na tara ta jiha ce, tana ƙarƙashin Yaya. Daga dutse na tara zuwa gaba ta En'e ce. Haka aka tsara tun zamanin Turawa, kuma ba a taɓa samun saɓani ba, tunda dutse ba ya tafiya.

Sai ga shi dutse ya yi tafiya. A shekarun nan ƙasar ta bar mil ta koma kilomita, kamar yadda ta bar fam da sule, ta kuma bar tuƙin hannun hagu. Ni ma ina cikin waɗanda suka yi ta karanta sanarwar wayar da kai. Aka zo aka tuge tsofaffin duwatsu aka dasa sababbi. Tsarin rabon aiki kuwa ba a taɓa shi ba, yana nan yana cewa iyakar jiha dutse na tara. Amma kilomita tara ba ta kai mil shida ba. Sabon dutse na tara sai ya tsaya a tsakiyar daji, nesa da ƙauyen da kusan mil uku da rabi. Ma'aikata ta auna marmara da man gireda da yawan leburori daidai da sabon dutse. Mutanen En'e, waɗanda a lokacin ake shirin mayar da su ƙaramar hukuma, suka ce su dai iyakarsu Mil Tara, inda kasuwa take, kamar kullum. Kowa yana da gaskiya a bakinsa. A tsakani kuwa aka bar wani yanki na hanya da ba na kowa ba, kuma a cikinsa akwai rafi da tsohon kwalbatin da duk motar doya sai ta taka.

Ba wani ne ya ɓoye kuskuren ba. Kowa ya gane shi cikin 'yan makonni. Matsalar ita ce gyara shi yana nufin wani ofishi ya ƙara wa kansa nauyi, kuma a lokacin hankalin manya yana kan sababbin tituna masu kwalta. Wa zai bar bikin buɗe gada ya zauna kan mil uku na burji? Yaya ya sa wa yankin suna Marainiya.

Ina gida hutu lokacin da Baba Gambo ya zo da kansa. Wanda ya san al'adarmu ya san nauyin wannan. Suruki ba ya taka ƙafa zuwa gidan mijin 'yarsa don neman alfarma, aike yake yi. Yaya ya cire takalmi tun daga ƙofar zaure, ya durƙusa, kansa a ƙasa. Dattijon ya yi magana da Hausarsa mai nauyin harshen Gwandara.

"Malam, kwalbati ya cika da yashi. Ruwa ya kusa. Yaranka suna zuwa su tsaya a sabon dutse su juya, muna hango ƙurarsu. Mu ne muka tashi daga inda muke, ko hanya ce ta gajarta?"

"Baba, dutse ne aka sauya."

"To dutse ne ya aurar maka da Asabe?"

Yaya bai ɗaga kai ba. Ya ce, "Baba, a gafarce ni. Obasiya ba zai zo ba."

Dattijon ya miƙe, ya ƙi shan ruwan da aka kawo masa, ya fita. Yaya Asabe tana bayan ƙofa tana ji. Kwana da kwanaki ba ta ce wa mijinta komai ba sai gaisuwa.

Ni kaina na ga abin ya yi tsauri, na kuma faɗa masa. Helmansa ma, wani dogon mutum ɗan ƙabilar Mada da ake kira Dogo, ya zo har gida yana roƙo.

"Maigida, ka kau da kai kawai. Mu shiga da safe, kafin la'asar mun fito. Wa zai sani? Manyanmu na hedikwata a Jos za su bi sawun baro?"

"Ba tsoron Jos nake ba, Dogo. In ka yashe shi bana, baɗi wa zai yashe?"

"Mu mana."

"In an ɗauke ni an kai Shendam fa? Kai ma an ba ka wani obasiyan da ba ya aure a Mil Tara?"

Dogo ya sosa ƙeya ya ce, "To sai mu nema masa mata a can."

Yaya ya yi dariya, amma bai sauya ba. Hujjarsa, kamar yadda ya shimfiɗa mini ita daga baya, ita ce wannan. Muddin ana lallaɓa yankin a ɓoye, babu ofishin da zai ji zafinsa, kuma ba za a taɓa ba shi uba ba. Zai rayu ne da alfarmar mutum ɗaya, ya mutu ranar da mutumin ya tashi. Ya ce kayan aro ba ya rufe katara. Hanyar da dubban mutane ke bi ba ta cancanci ta dogara da wanda obasiya ya aura ba.

Ranar Asabar ta gaba, da hantsi, na ga ya fito ba kaki, ba hular aiki. Ya sa tsohuwar taguwa, ya ɗaura shebur a bayan kekensa, shebur ɗin gidanmu da muke kwashe shara da shi. Bai taɓa babur ɗin ma'aikata ba. Na bi shi a motar kasuwa don in ga ƙarshen abin. Ya isa ƙofar Baba Gambo, ya cire takalmi, ya durƙusa.

"Baba, na ce obasiya ba zai zo ba. Ban ce suruki ba zai zo ba. A ba ni samari."

Dattijon ya dube shi, ya dubi shebur ɗin, bai amsa gaisuwar ba. Amma ya sa aka buga gangar gayya, irin wadda ake bugawa in za a taru a nome gonar wani. Samari suka fito da fartanya da kwanduna. Yaya ya shiga cikin kwalbatin da rarrafe, shi da ya saba tsayawa a sama yana nuni da sanda. Ya koya musu abin da ya sani: a fara yasa daga inda ruwa ke fita, ba daga inda yake shiga ba, a zubar da yashin can ƙasa da hanya, kada ruwan farko ya maido shi, a tsaga ƙananan hanyoyin ruwa a gefe don lambatu ya riƙa sauke kayansa cikin daji. Yakan ce ruwa ba maƙiyi ba ne, baƙo ne mai gaggawa, in ka nuna masa ƙofa zai wuce.

Da a tatsuniya ne, da a nan labarin zai yi daɗi. Amma ni mai labarai ne, dole in faɗi yadda aka yi. Gayya ta yashe kwalbati, ba ta iya gyara bangonsa da ya riga ya tsage ba. Wannan aikin siminti ne da magina, kuma suna hannun obasiya, obasiya kuwa ya ce ba zai zo ba. Cikin watan Agusta rafin ya kawo, ya ɗauke rabin kwalbatin. Manyan motoci suka daina shiga. Doyar Mil Tara ta shekarar, wadda aka iya fitarwa, a ka aka fitar da ita zuwa sabon dutse, mata da maza, wadda ba a iya ba ta ruɓe a rumbu. A shekarar ba a aiko da sabuwar doya gidanmu ba. Babu wanda ya yi maganar a tsakar gida, amma kowa ya ƙirga watan. A cikin gari ana cewa Obasiya ya bar surukinsa ya yi asara don ƙa'ida. Wasu har gaban mahaifiyarmu suka faɗa.

Na sha tambayar kaina ko ya yi daidai. Har yau amsata ba cikakkiya ba ce. Waɗanda suka ɗauki doya a ka ba su ne suka dasa dutsen ba, kuma su ne suka biya. Shi ma ya san haka. Na ga ya rame a damunar nan, ya daina zama a majalisar ƙofar gida. Abin da zan iya shaida shi ne bai ƙi don taurin zuciya ba, kuma bai zauna ya naɗe hannu ba. Duk taron da aka kira a ma'aikata, ko na me ne, sai ya miƙe ya kawo maganar Marainiya, har abokan aikinsa suka koma kiransa Uban Marainiya, in ya shigo su ce, "To, a ɓoye ajanda, ga shi nan." Bai damu ba. Karyewar kwalbatin kuma ta yi abin da bakinsa bai yi ba: fataken doya daga kudu da masu motoci suka yi ta kai kuka, har maganar ta kai inda ake yanke hukunci.

Bayan damuna ta biyu jiha ta karɓi yankin, aka shigar da shi cikin lambar hanyar. Abu ɗaya Yaya ya nace a kai, aka kuma yi masa: kada a ƙara faɗin iyaka da lambar dutse. Aka rubuta cewa hanyar jiha ta ƙare a bakin kasuwar ƙauyen, bayan an haye rafi. Ya ce gobe ana iya sake ma'auni, amma ba mai tuge rafi. Ranar da aka fara aikin ya zo da kakinsa da babur ɗinsa, Dogo da leburori a baya, da tifa cike da tsakuwa. Baba Gambo yana zaune a gindin ɗorawa yana kallo. Yaya ya sauka, ya cire takalmi, ya durƙusa da kakin.

"Baba, obasiya ya zo."

Dattijon ya ce, "Ya makara. Surukina ya riga shi da shekara biyu."

Da kaka doya ta dawo. Yaya Asabe ta gaya mini daga baya cewa mahaifinta ya ce ba don sabon kwalbati ya aiko ba. Don ranar da ya ga mai mulkin leburori yana rarrafe cikin laka da shebur ɗin shara ne, sai dai fushi bai bar shi ya nuna ba sai da ya huce.

Yanzu bari in dawo kan tafiyar da na yi bana. Keffi ta yau ba wadda Yaya ya bari ba ce. Abuja ta matso har ta kusa haɗiye mu, babban titi ya zama tagwaye, motoci ba sa yankewa. Na san zai tsaya ya yaba faɗinsa, domin shi ba mai ƙin sabon abu ba ne. Sannan na san zai sauka ya leƙa lambatu, ya ga robobin ruwa da ledoji sun toshe shi, ya tambaya wane helma ne ke da nan. Ban san yadda zan gaya masa cewa babu helma ba. Barikokin leburori sun zama kango, wasu an yi shaguna a wurin. Yau hanya ana ba da kwangilarta ne, a yi ta, a ce an kammala, a tafi, sai ta mutu a sake ba da wata. Ka tambayi direba goma lambar titin da suke bi kullum, da wuya ka sami ɗaya da ya sani. In rami ya buɗe, sai ka ji ana musu a rediyo, wannan ya ce ta Tarayya ce, wancan ya ce ta jiha ce. Marayun sun yi yawa, har ba mai sa musu suna.

Hanyar Mil Tara tana nan da lambarta da ubanta a rubuce, kamar yadda ya yi fafutuka a samu. Uban dai ya daɗe bai leƙo ba. Amma da na isa rafin, ana saura kwanaki ruwa ya sauka, sai na tarar da mutane cikin kwalbatin da fartanya da kwanduna, ganga tana tashi. Na tsaya ina kallo. Daga inda ruwa ke fita suka fara. Yashin can ƙasa da hanya suke kai shi. Na tambayi wani magidanci, wanda aka haifa bayan duk wannan labari, wace hukuma ce ta sa su. Ya dube ni kamar na tambayi wanda ya sa su yin sallar idi.

"Baba, ai yau Gayyar Suruki ce. Duk shekara ake yi."

"Wane surukin?"

"Wallahi ban sani ba. Haka muka taso muka ji ana faɗa."

Ban gaya masa ba. Na koma mota na zauna ina auna abin. Abin da Yaya ya ba da sunansa da kwanciyar hankalin gidansa don a samu, wato lamba da uba, ya rage a takarda. Abin da ya yi a gefe, ranar hutunsa, da shebur ɗin shara, don kawai ya iya haɗa ido da mahaifin matarsa, shi ne ya rayu, har aka manta da sunan mai shi. Ba na jin wannan ya ƙaryata shi. Mutanen nan suna da haƙƙin a zo a yi musu aikin, kuma gayyarsu ba ta sauke wa kowa wannan nauyi ba. Bangon kwalbatin ya fara tsagewa, na gani da idona, kuma fartanya ba ta ɗinke siminti.

Na san abin da zai yi da yana tare da ni a motar. Zai ɓata rai, ya ce wannan ba aikinsu ba ne, ya tambayi sunan wanda ke riƙe da hanyar yanzu da inda ofishinsa yake, ya ce ranar Litinin da safe za mu je. Sannan ya buɗe ƙofa, ya cire takalmi, ya ce a miƙo masa shebur.